Soundies: Hajar Santi 10 Da Ta Adana Fuskokin Mawaƙan Jaz

Duk wanda ya taɓa kasa kaya ya san cewa kiɗa na kiran ciniki. Mai shayi na kunna rediyo, mai gidan abinci na ɗora tele bisa tebur, mai butiki na sakin waƙa tun da sanyin safiya, duk don mai wucewa ya tsaya, in ya tsaya kuma ya sa hannu aljihu. Wannan dabara ba yau aka fara ta ba, kuma ba mu kaɗai muka san ta ba. A ƙasar Amurka, tsakanin shekarar 1940 da ta 1947, wasu ƴan kasuwa sun gina sana'a sukutum a kanta, inda suke ƙera wani babban akwati mai gilashi a gaba, su ajiye shi a gidajen abinci da mashaya da tashoshin mota, duk wanda ya jefa tsabar kuɗi a ciki sai ya ga mawaƙi ya fito yana rera waƙa har tsawon minti 3. Sunan waɗannan gajerun finafinai Soundies, shi kuma akwatin ana ce masa Panoram.

Sana'ar ba ta yi ƙarko ba, domin ko shekara 7 ba ta cika ba ta durƙushe. To sai dai a cikin wannan ɗan lokaci an shirya finafinai sama da 1,800, kuma fiye da 300 daga cikinsu na baƙaƙen fata ne, a zamanin da manyan gidajen fim na Holiwud da wuya su ba baƙar mace wani matsayi in ba na ƴar aikin gida ba. Masu akwatin riba suke biɗa, ba su taɓa tunanin suna ajiye tarihi ba. Amma yau, wanda ke son ganin yadda wasu manyan mawaƙan jaz na wancan zamani ke tsayawa gaban makaɗa, da irin tufafinsu, da yadda suke motsa hannu in waƙa ta yi daɗi, sau da yawa sai ya koma ga wannan haja ta santi 10.

Ga wanda bai sani ba, jaz kiɗa ne da jikokin bayin da aka kwasa daga Afirka suka ƙirƙiro a kudancin Amurka, musamman birnin Niyu Olins, a farkon ƙarni na 20. A shekarun 1930 da 1940 shi ne kiɗan rawa na ƙasar baki ɗaya. Ƙungiya guda kan ƙunshi makaɗa 15 ko fiye, masu busa da masu ganga da mai piyano, sannan a gabansu ga mawaƙi ko mawaƙiya.

Akwatin da lissafinsa

Kamfanin Mills Novelty na birnin Shikago shi ne ya ƙera Panoram. Dama can sana'arsa ke nan, ƙera injunan da ke aiki da tsabar kuɗi, irin su na caca da akwatunan garmaho waɗanda in an jefa musu kuɗi suke sakin faifai. A shekarar 1940 kamfanin ya haɗa gwiwa da James Roosevelt, babban ɗan shugaban ƙasar na lokacin, Franklin Roosevelt, wanda ya shiga harkar fim. An nuna akwatin ga jama'a a Holiwud a watan Satumba na wannan shekara, daga farkon 1941 kuma aka shiga rarraba finafinan mako-mako.

Akwatin na katako ne, tsawonsa ya kai wajen mita 2, ya fi mutum tsawo. A cikinsa akwai majigi da zaren fim mai faɗin milimita 16, sai madubi da ke karkatar da hasken ya kai shi bayan gilashin da ke sama, inda jama'a ke kallo. Da yake madubi na juya dama ta koma hagu, sai aka riƙa buga finafinan a juye tun daga farko, don su fito daidai a gilashi. Shi ya sa har yau, in aka haska wasu tsoffin kwafi da majigi na yau da kullum, sai a ga rubutun ya birkice, mai kaɗa gita kuma ya zama bahago.

Finafinai 8 ake haɗawa a naɗi guda, a liƙa ƙarshen zaren da farkonsa ya zama kamar zobe, ta yadda ba sai an mayar da shi baya ba. Kowane mako a zo da sabon naɗi. A cikin takwas ɗin akan gwamutsa komai da komai, kamar yadda mai tireda ke jera kayansa: waƙar soyayya, kiɗan ƙauye na makiyayan shanu, barkwanci, rawar ƴan mata, waƙar kishin ƙasa bayan da Amurka ta shiga yaƙin duniya na biyu a watan Disamba na 1941, sai kuma jaz.

Kuɗin kallo santi 10 ne, wato kashi ɗaya cikin goma na dalar Amurka, ba irin dalarmu ta sefa 5 ba. Don a gane nauyin wannan kuɗi, mafi ƙarancin ladan aiki da dokar ƙasar ta yanke a farkon shekarun 1940 shi ne santi 30 a awa guda. Ke nan ƙaramin lebura sai ya yi gumin minti 20 kafin ya samu abin kallon waƙar minti 3. Akwatin garmaho da ke gefe santi 5 yake karɓa, tikitin shiga sinima kuma wajen santi 25 ne, mutum ya zauna awa biyu ko fiye.

Galibi ba mai gidan abinci ne ke mallakar akwatin ba. Akwai dillalai da ke sayen akwatuna da dama su baza su a wurare, su yi hayar naɗin fim daga kamfanin da ke rarrabawa, sannan su zagayo su buɗe asusun akwatin a raba abin da aka samu da mai wurin. Shi mai wurin ribarsa biyu ce, ga kasonsa, ga kuma mutanen da suka tsaya kallo suka ƙara odar abinci da abin sha.

Baki daban, murya daban

Wanda ya saba kallon finafinan Hausa ko na Indiya ba zai yi mamakin yadda ake shirya Soundies ba. Da farko makaɗa da mawaƙi su shiga ɗakin ɗaukar murya a naɗi waƙar. Bayan haka, wata rana daban, su tsaya gaban kamara a saki muryar, su kuma su riƙa bin ta da baki da hannu. Da yake kowane mako ana jiran haja, ba a ɓata lokaci: ƙungiya guda kan yi finafinai 3 ko 4 a zama ɗaya, a ɗan canza labule da tufafi kawai. Saboda wannan gaggawa, mai lura zai ga wani lokaci sandar mai ganga ba ta dace da bugun da ake ji ba, wani lokaci ma fuskar da ake gani ba ta mai muryar ba ce. A Holiwud wani marubucin waƙoƙi mai suna Sam Coslow ya jagoranci shirya da yawa daga cikinsu, a Niyok kuma William Forest Crouch ya yi suna wajen shirya na baƙaƙen fata.

Ƙofar da Holiwud ta rufe

Don a fahimci darajar waɗannan ƴan finafinai, sai an dubi halin da baƙaƙen mawaƙa ke ciki. Bessie Smith, wadda ita ce sarauniyar mawaƙa baƙaƙe a shekarun 1920 kuma faya-fayanta suka sayu ƙwarai, sau ɗaya tak aka taɓa ɗaukar ta a fim, wani gajere na minti 16 a shekarar 1929. Ta rasu a hatsarin mota a 1937, kuma wannan minti 16 shi ne duk abin da duniya ke da shi na motsinta. A watan Fabrairu na 1940 Hattie McDaniel ta zama baƙar fata ta farko da ta ci kyautar Oska, amma a matsayin baiwar gida ta fito a fim ɗin, kuma a daren bikin an zaunar da ita a wani tebur daban, nesa da abokan aikinta farare. Ita kuwa Lena Horne, wadda kamfanin MGM ya ɗauka a 1942, akan sa ta fito ta yi waƙarta ita kaɗai ba tare da an cusa ta cikin labarin fim ba, ta yadda masu tace finafinai a wasu biranen kudu za su iya yanke wurin ba tare da labarin ya lalace ba.

Masu Soundies ba waliyyai ba ne, kuma ba don tausayi suka buɗe ƙofa ba. Lissafi ne ya buɗe ta. A shekarun yaƙi dubban baƙaƙe sun bar gonakin auduga na kudu sun kwarara zuwa biranen Shikago da Ditiroyit da Niyok da Los Anjalis, inda masana'antun makamai ke biɗar ma'aikata. Sun samu albashi, unguwanninsu na da gidajen abinci da wuraren shaƙatawa, kuma santi 10 na baƙi da na fari duk ƙara ɗaya suke yi in sun faɗa cikin asusu. Bugu da ƙari, samarin farare su ma kiɗan baƙaƙe suke rawa da shi. Don haka aka shiga kiran manyan ƙungiyoyi: Duke Ellington, Count Basie tare da mawaƙinsa Jimmy Rushing, Cab Calloway, Louis Armstrong, Nat King Cole. Fats Waller, mai piyano kuma mawaƙi mai ban dariya, ya yi finafinai 4 a 1941. Bayan shekara 2 ya rasu a cikin jirgin ƙasa yana da shekara 39, waɗannan huɗun kuma suna cikin ƙalilan ɗin hotunansa masu motsi da suka rage.

Duk da haka wariya ba ta gushe ba. A littafin kayan kamfanin an keɓe finafinan baƙaƙe a sashe nasu daban. A wasu finafinan an ci gaba da tsohuwar al'adar raini, a sanya mawaƙi tufafin ƙauye a zaunar da shi kusa da dilolin auduga, ko a sa budurwa shigar daji tana rawa. Har Louis Armstrong bai tsira daga irin wannan ba a finafinan da ya yi a 1942. Amma a gefe guda akwai ɗaruruwan da ke nuna baƙaƙe sanye da kwat da dogayen riguna, suna soyayya, suna zolayar juna, suna tafiyar da makaɗansu da kansu, abin da mai zuwa sinima ba ya gani. Akwai ma inda aka karya dokar wariyar a fili, kamar finafinan ƙungiyar Gene Krupa, wanda Bature ne, inda mawaƙiyarsa Anita O'Day, farar mace, take musayar waƙa da raha da Roy Eldridge, baƙin mai busa ƙaho. A wasu jihohin kudu na wancan lokaci, irin wannan tsayuwa kafaɗa da kafaɗa a bainar jama'a tana iya jawo fitina.

Matan da akwatin ya riƙe

Ivie Anderson ta shiga ƙungiyar Duke Ellington a 1931, ta yi shekara 11 tana yawon duniya da su, kuma masana da yawa na ganin ba a yi wa Ellington mawaƙiya kamarta ba. A ƙarshen 1941 aka ɗauke ta a Soundies tana rera wata waƙar begen masoyi, a natse, ba tsalle ba hayaniya. Shekara guda bayan haka ciwon asma ya tilasta mata barin yawon waƙa. Ba ta zauna tana jiran tausayin kowa ba, sai ta maida hankali ga gidan abincin da ta buɗe a Los Anjalis, inda ake sayar da soyayyar kaza, gidan da ya ɗauki sunanta kuma ya zama matattarar makaɗa da dare. Ta rasu a watan Disamba na 1949. Mata masu tuwo-tuwo da masu suya za su gane wannan hali: in wata ƙofar abinci ta rufe, murhu bai rufe ba.

Dorothy Dandridge tana ƴar shekara 18 zuwa 19 ta shiga Soundies, a 1941 da 1942, wani lokaci tana waƙa, wani lokaci tana rawa kawai yayin da wasu ke waƙa. A nan ta koyi tsayuwa gaban kamara. A shekarar 1955 ta zama baƙar mace ta farko da aka sa cikin takarar kyautar Oska ta babbar jaruma, saboda fim ɗin Carmen Jones na 1954. To amma ɗaukaka ba ta zama dukiya ba. Zuba jari ba bisa sani ba da cin amanar waɗanda ta damƙa wa kuɗinta suka kai ta ga karayar arziki a 1963, ta rasu a 1965 tana da shekara 42.

Rosetta Tharpe a coci ta tashi, tana waƙoƙin ibada tana kaɗa gita tun tana yarinya. A 1941 ta shiga ƙungiyar Lucky Millinder, kuma a wannan shekara aka ɗauke ta a Soundies tana waƙa gaban makaɗan rawa, abin da ya ɓata wa mutanen cocinta rai matuƙa. Ta rasu a 1973, kabarinta ya yi shekara sama da 30 ba ko alama a kansa. Sai daga baya aka farga cewa salon gitarta da muryarta na cikin tushen kiɗan da ya mamaye duniya bayan yaƙi, aka karrama ta a 2018. Da aka tashi neman hotunanta na ƙuruciya, akwatin santi 10 ne ya ba da su.

Akwai kuma ƙungiyar da ake kira International Sweethearts of Rhythm, wadda tun daga mai ganga har masu busa duk mata ne. An kafa ta a 1937 a makarantar Piney Woods ta jihar Misisifi, makarantar ɗiyan talakawa da marayu, don su riƙa wasa suna samo wa makarantar kuɗi. A 1941 suka ɓalle suka tsaya da ƙafarsu, Anna Mae Winburn ta zama jagorarsu. A cikinsu akwai baƙaƙe, akwai masu jinin Sin da na Meziko, daga baya har da farare, waɗanda in an shiga kudu sukan shafa hoda mai duhu don kada ƴan sanda su kama su da laifin cuɗanya. A 1945 sun je Turai sun yi wa sojojin Amurka wasa. Faya-fayan da suka bari kaɗan ne, don haka gajerun finafinan da aka ɗauke su bayan yaƙi su ne babbar shaida ga duk mai musun cewa mace na iya busa ƙaho kamar namiji.

Ta ƙarshe ita ce wadda labarinta ya iso yankinmu. Velma Middleton ta shiga ƙungiyar Louis Armstrong a 1942, kuma tana cikin Soundies ɗin da ya yi a wannan shekara, mace mai jiki amma mai saurin ƙafa, tana waƙa tana rawa har ta zube ƙasa ta miƙe. Ta zauna da ƙungiyar kusan shekara 19. Tare da ita Armstrong ya zo Akra a 1956, tare da ita kuma ya dawo Afirka a watan Oktoba na 1960, a rangadin da kamfanin Pepsi-Cola ya ɗauki nauyin kashinsa na farko a Gana da Najeriya don tallar lemonsa, kafin gwamnatin Amurka ta ɗauki sauran. Akwai hoton Armstrong tare da Sardaunan Sakkwato Ahmadu Bello a Kaduna daga wannan tafiya. A watan Janairu na 1961, suna ƙasar Saliyo, ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kama Velma. Ƙungiyar ta wuce don cika alkawuran wasa, ita kuma ta rasu a asibiti a Firitawun ranar 10 ga Fabrairu na 1961, tana da shekara 43.

Abin da ya karya kasuwar

Ɗan kasuwa da ya dubi tsarin Panoram zai hango matsalar farko nan take: mai saye ba ya zaɓen abin da yake so. Da yake finafinan a jere suke cikin zobe, wanda ya jefa kuɗinsa sai ya kalli duk abin da ke gaba a layi. In Nat King Cole yake so alhali yanzu aka wuce shi, sai ya biya kuɗin finafinai 7 da bai nema ba kafin na takwas ya dawo, wato santi 80 da jiran sama da minti 20. Akwatin garmaho kuwa, da rabin kuɗin, yana ba mutum damar zaɓa daga faya-fayai har 24. Ba wanda zai daɗe yana zuwa rumfar da in ya nemi atamfa za a miƙo masa shadda a ce layinta ne ya zo.

Matsala ta biyu, mutum ɗaya ke biya, ɗaki duka ke kallo. Kowa sai ya naɗe hannu yana jiran wani ya jefa.

Ta uku ita ce yaƙi. A 1942 gwamnatin Amurka ta hana ƙera injunan nishaɗi irin waɗannan, domin ƙarfe da wayoyin lantarki su tafi ga kayan soja. Tun sana'ar tana tatata aka tsayar da yawan akwatunan, alhali kuɗin shirya sababbin finafinai bai ragu ba.

Ta huɗu, ranar 1 ga Agusta na 1942 ƙungiyar ƙwadagon makaɗa ta ƙasar, ƙarƙashin James Petrillo, ta hana mambobinta ɗaukar sabon kiɗa ga kamfanoni. Hujjarsu ita ce faifai da akwati sun kori makaɗa daga gidajen rawa da gidajen rediyo, kamfanoni na cin riba, mai busa kuma na zaune ba aiki, don haka suna son a riƙa ware musu wani kaso. Sai a watan Nuwamba na 1944 manyan kamfanonin faifai na ƙarshe suka miƙa wuya. Rikicin ya taɓa masu Soundies su ma, suka koma ga ajiyar kiɗan da suka yi tun kafin hanin, da tsoffin finafinai da suke saye su yanka gunduwa-gunduwa.

Abin da ya ƙarasa ta shi ne tele. Bayan yaƙi masu mashaya suka fara saye suna kafawa, suna nuna dambe da wasannin ƙwallo kyauta. A farkon 1947 aka daina fitar da Soundies. Wasu akwatunan aka farfasa, wasu kuma suka faɗa hannun masu nuna finafinan batsa a lungu.

Wa ya ci ribar?

Finafinan ba su mutu tare da akwatin ba. Wani kamfani mai suna Official Films ya karɓi tarinsu, ya shiga sayar da kwafi ga masu majigi a gida da kuma sababbin gidajen tele, waɗanda ke neman abin cike gurbi tsakanin shirye-shirye. Haja ɗaya aka sayar sau biyu, sau uku. Su kuwa mawaƙan, akasari kuɗin aikin ranar kawai aka biya su, abin da ya biyo baya ba su da kaso a ciki.

Wanda ya gane wasan da wuri shi ne Louis Jordan, mawaƙi kuma mai busa, wanda faya-fayansa suka fi na kowane baƙi sayuwa a shekarun 1940. Shi da manajansa Berle Adams sun ɗauki gajeren fim a matsayin talla. A 1945 suka shirya nasu da kansu, mai suna Caldonia, aka riƙa nuna shi a gidajen sinima na garuruwan da zai je wasa, sannan aka yanka shi aka sa a akwatunan Panoram. Mutane su gan shi a gilashi, su sayi faifai, su sayi tikitin wasa. Shi ne ya riƙe wuyan hajarsa, sauran kuwa ƙwadago suka yi wa mai akwati.

Ita ma dabarar ba ta mutu ba. Daga 1950 zuwa 1952 wani mai suna Louis Snader ya shirya ɗaruruwan gajerun finafinan waƙa don gidajen tele, a wannan karo ana ɗaukar murya da hoto lokaci guda. A Faransa, wajen 1960, kamfanin Cameca ya fito da akwatin Scopitone, mai hoto mai launi, wanda ya gyara babban kuskuren Panoram, domin mai biya na zaɓen abin da yake so daga cikin waƙoƙi 36. Wannan akwati ya samu karɓuwa sosai a gidajen shan gahawa na leburorin Aljeriya da Maroko da ke Pari, har aka riƙa shirya musu finafinai da Larabci da harshen Kabilawa. A ranar 1 ga Agusta na 1981 aka buɗe tashar MTV a Amurka, wadda a farkonta ba ta nuna komai sai irin waɗannan gajerun finafinan waƙa. Waƙar bidiyo da yau ake turawa daga salula zuwa salula jikanyar Soundies ce.

Abin mamaki shi ne yadda wannan haja mai araha ta tsira, alhali manyan finafinai masu tsada sun salwanta. Wani bincike da babban ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna cewa kashi 70 cikin 100 na dogayen finafinan ƙasar na zamanin da fim ba ya magana sun ɓace baki ɗaya. Waɗancan an buga su ne a kan wani irin zare mai saurin kama wuta da ruɓewa. Shi kuwa zaren milimita 16 ba ya kama wuta haka, kuma an buga kwafi da yawa sun watsu a hannun jama'a. Dillalai da masu shaguna da masu sha'awar tara tsoffin kaya su ne suka adana su a ɗakunan ajiya shekara da shekaru. Daga irin waɗannan hannaye masu bincike suka tattaro su. A 2021 Susan Delson ta wallafa littafi kan yadda Soundies suka canza kamannin baƙaƙe a fim, a 2023 Mark Cantor ya fitar da cikakken kundin tarihinsu, a wannan shekarar kuma kamfanin Kino Lorber ya fitar da guda 200 da aka gyara.

Mu ma a kasuwanninmu an yi zamanin kaset da na bidiyo da na faifan sidi, kowanne ya zo ya wuce. A bayan wasu shaguna na Maraɗi da Damagaram da Tawa da Yamai ba za a rasa kwalaye cike da su ba, ƙura ta rufe, mai shagon na tunanin ranar da zai zubar don ya samu wurin sabon kaya. Kafin a zubar, ya kamata a duba abin da ke ciki. Mai yiwuwa akwai muryar Ɗan Gurmu ko ta Ma'azu Ɗan Alalo, ko hoton wata zabiya da aka ɗauka a wani biki wadda ba a taɓa ɗaukar ta a wani wuri ba, kuma zafi da damshi ba su jiran kowa. Wanda ya tarda irin wannan ya sa a juye masa shi a kwamfuta, ya rubuta sunan mai waƙar da garin da shekarar in ya sani, in kuma mai waƙar na da magada a raye, a tuna da haƙƙinsu. Allah ya ba da kasuwa mai albarka.